Ƙarar Mma Barikisu da Aka Dakatar

'Yan matan da ke zuwa koyon aiki a ofishinmu na Maamobi kusan dukansu da tunani ɗaya suke shigowa: akawun lauya ɗan aike ne mai tsabtar kaya. Ki ɗauki takarda, ki hau trotro, ƙaramar motar haya, a buga miki hatimi, ki dawo ki zauna ƙarƙashin fanka. Ba na jin haushinsu, don ni ma da wannan tunanin na zo. Sai dai nakan ce su zauna, in ba su labari.

Ranar da na fara aiki wajen Lauya Isifu, ban daɗe da gama sakandare ba, kaina cike da waƙoƙin da nake rubutawa a kan ruwan sama da fitilun Nima. Lauya ya miƙa ni ga tsohon akawunsa, Baba Tanko, wanda ya fara aikin tun zamanin tafireta. Baba Tanko bai dubi takardun makarantata ba. Takalmina ya duba, mai tsinin dunduniya.

"'Yata, biki za ki?"

"A'a, Baba, aiki na zo."

"To gobe ki zo da ƙafar aiki. Takarda ba ta da ƙafa, taki za ta ara."

Ya buɗe aljihun tebur ya jera mini kayan sana'a: tsinken huda takarda, ƙullin jan zare, biro baƙi guda biyu domin ɗaya aronsa za a yi ba a mayar ba, lema, da wata babbar leda mai kauri. Na yi dariyar ledar. Ban ƙara yi ba tun ranar da ruwan damina ya tare ni a mahaɗar Kawukudi, kwata ta cika ta hau titi, ni kuma ina rungume da fayil ɗin gadon wasu marayu a ƙarƙashin hijabina. Na isa kotu kamar an tsamo ni daga rijiya, amma ko harafi ɗaya bai jiƙe ba.

Ɗinkin fayil na fara koya. A huda kusurwar hagu, a zura zare, a ɗaure yadda shafi zai buɗu ba tare da ya yage ba. Na ɗinka, Baba ya warware, na sake ɗinkawa, har yatsuna suka yi kanta. Daga nan ya koya mini mutane. Dillalin kayan mota daga Abossey Okai zai shigo da baƙin mai a farce yana son a yi ƙara yau a yanke hukunci gobe. Shi ruwan sanyi ake fara ba shi. Lebura daga Nijar zai tuɓe takalmi a bakin ƙofa, ya yi gaisuwa doguwa, ba zai faɗi abin da ya kawo shi ba sai kin tambayi gida da aiki da gajiya. Tsohuwa za ta ce "na gane" alhali ba ta gane ba, don kada ta ba ki wahala. Baba yakan ce lauya doka ya karanta, mu kuwa fuska muke karantawa.

Shekarar annobar korona ita ce mummunar shekararmu. Kotuna suka koma kamar maƙabarta, Lauya ya kwanta jinya, Baba Tanko ya tafi garinsu a arewa da niyyar dawowa bayan salla, Allah bai nufa ba. Ni kaɗai nake buɗe ofis, in share, in buga wa mutane takardar rantsuwa ta gyaran suna don a samu kuɗin wutar lantarki. A shekarar na san cewa na iya aikin, domin babu wanda zan waiwaya in tambaya.

Amma aikin da nake so ku ji shi ne na Mma Barikisu.

Mma Barikisu waakye take sayarwa a bakin titin Nima, shinkafa da waken da ake bin layi dominsa tun da safe. Ita ce kuma Magajiyar wata ƙungiyar mata ta unguwarsu, masu adashi da taimakon juna a biki da rasuwa. A Zongo, wato unguwannin baƙi irin namu, in Magajiya ta buɗe baki, mata duka sun yi magana. Ita ke zuwa gaban sarkin unguwa a madadinsu, ita ke karɓar gaisuwa, ita ke mayarwa.

Wani mutum ya zo mata, wanda ba zan faɗi sunansa ba. Unguwa ta riga ta raɗa masa Alhaji Fuloti. Ya ce yana da filaye a bayan gari, biya kaɗan-kaɗan, musamman don matan da suka gaji da ɗakin haya da layin banɗaki. Wata Lahadi ya ɗauko bas ya kwashe su. Suka ga fili shimfiɗe har inda ido ya tsaya, jar ƙasa, iska mai sanyi, ba kwata, ba hayaƙin mota. Kowace ta tsaya a kan nata tana nuna inda ɗaki zai zauna da inda za ta yi shanya. Mma Barikisu ce ta fara biya, sauran suka bi ta, don Magajiya ba za ta kai su rami ba. Da lokacin gini ya yi suka koma, sai suka tarar wasu sun kewaye wurin da bulo, da takardunsu a hannu. Filin bai taɓa zama nasa ba.

Ta zo ofis da sassafe, mayafinta na ƙamshin hayaƙin itace. Lauya ya ce wannan damfara ce, aikin 'yan sanda ne.

"Lauya, mijina ya rayu ya mutu bai taka ofishin 'yan sanda ba. Ni ba zan fara da tsufana ba. Gaban alƙali nake so. In tsaya, ya tsaya, mata su ji da kunnensu cewa ni ma cuta ta aka yi."

A nan na gane ba fili ya kawo ta ba. An fara raɗa a unguwa cewa da ita aka haɗa baki, ana ba ta kamasho a kan kowace mace da ta kawo. Sunanta ta zo karɓa.

Doka ta ba mutum dama ya kai ƙorafin laifi kai tsaye gaban majistare, ya yi rantsuwa, kotu ta kira wanda ake tuhuma. Haka muka yi. Ni na buga, ni na ɗinka, ni na kai rajista, na bi ma'aikacin kotu har aka miƙa wa mutumin sammaci a hannu. Da sunan Mma Barikisu kaɗai aka shigar, don a ganinta da na matan, bakinta ya ishi kowa.

Ranar zaman farko ba a kai ga jin ta bakinta ba. Ɗan sanda mai gabatar da ƙara ya miƙe ya ce suna binciken wannan mutum a kan wannan fili, domin wasu daga wata unguwa sun kai kukansu, yana roƙon kotu ta dakatar da ƙarar Mma har su gama. Majistare ta dubi Lauya. Lauya ya ce ba ya ja. Aka rubuta, aka kira shari'a ta gaba. Mma tana zaune da sabon leshi, da jawabin da ta kwana biyu tana shiryawa a ranta, ba ta ma san an gama ba sai da na taɓa hannunta.

Ga inda aikin akawu yake. Lauya yana da wata kotun, ya wuce. Ni aka bari da ita a kan benci a ƙarƙashin bishiyar darbejiya, in fassara mata kalmar da ba a son ji.

Na fara da abin da na iya. "Mma, ai ba a ɗora tukunya ɗaya a kan murhu biyu."

Ta dube ni sama da ƙasa. "Rukayya, ni za ki koya wa tukunya? Ki yi mini magana irin ta mutane."

Na ajiye waƙa gefe. Na ce mata mu ba mu da ikon shiga banki mu ga inda kuɗin ya bi, ba mu da ikon tilasta ofishin filaye ya buɗe mana kundinsa. 'Yan sanda suna da shi. In muka yi gaba da hannu biyu kawai, ya ɗauki lauya mai kaifi ya kayar da mu, takardar hukuncin nan laya za ta zame masa, duk inda aka taso shi ya nuna. In kuma mata suka ba da shaida a wuri biyu, nan an ce Lahadi, can an ce Asabar, da wannan ɗan bambancin za a ƙaryata su. Na ce ƙarar ba ta mutu ba, tana nan da ranarta, in 'yan sanda suka yi sanyi mu tashe ta.

Ta gyara zama a kan bencin. Can ta ce, "Na ji. Amma ke ce za ki je Nima ki faɗa wa matan?"

Kafin mu sauka daga trotro labari ya riga mu: Magajiya ta kashe maganar. Bayan kwana kaɗan abin ya ƙara lalacewa. Dangin mutumin suka turo dattawa gidanta biko, da farin gemu da ƙwaryar goro. Wa zai mayar da dattawa daga bakin ƙofa? Ta shimfiɗa musu tabarma, ta ba su ruwa. Suka ajiye goro da ambulan, suka ce a mayar mata da nata ita kaɗai, ta janye, a rufa wa juna asiri. Ambulan ɗin ta tura musu da bayan hannu. Goron kuwa ta ɗauka, don ƙin goron dattijo zagi ne. Gidan haya ne, ido ko'ina. Ba wanda ya ga ambulan ya koma cikin aljihun babbar riga, amma kowa ya ga dattawa sun fita ba ƙwarya.

Na je wajen waakyenta wata safiya na tarar ba layi. Mma Adiza mai kitso, wadda ta sayar da sarƙar aurenta ta biya fili, tana tsaye nesa kaɗan, hannu a ƙugu, tana magana da iska.

"Wasu dai goro ya karɓe su paa, sosai da sosai. Dubi kumatu."

"Adiza, in da ni kike, matso. Kunnena ya tsufa."

"Ni na kira suna? Na ce dai shari'a ta yi barci, mai shari'a ta yi ƙiba."

Mma Barikisu ta ci gaba da juya ludayi a tukunyar da ba mai saye. Ta zuba mini, ta ƙara mini ƙwai.

Mai binciken wata 'yar sanda ce 'yar ƙabilar Ga, mai magana a hankali. Da na kai mata takardunmu ta ce, "Ina sauran matan?" Na ce Magajiyarsu za ta yi magana a madadinsu. Ta girgiza kai. Kowace mace sai ta zo da ƙafarta, ta faɗi abin da ta gani da abin da ta bayar, ta sa hannu. Wadda ba ta zo ba, a idon doka ba a cuce ta ba.

Da na kai wa matan wannan, sai ya zama sabon laifi. Ashe dama da sunanta kaɗai ta shigar! Ashe kanta ta je ƙwato wa! Abin da suka ɗauka girmamawa jiya, yau ya zama shaidar cin amana.

Na bi su gida-gida, bayan la'asar, lokacin da maza ba su dawo ba. Kowace da dalilinta. Wata mijinta bai san ta biya ba. Wata ta ce 'yarta na da manemi, me dangin miji za su ce in an ga uwar amarya a ofishin 'yan sanda? Wata ta ce ta bar wa Allah. Ban yi wa kowa wa'azi ba. Nakan zauna in taya tsinar shinkafa, in amsa abin da aka tambaye ni, in tafi, in dawo. Baba Tanko ya taɓa ce mini ba a jan mai shaida, rakiyarsa ake yi.

Mma Barikisu ce ta fara zuwa. Ta tsaya a bakin ƙofar ofishin da ta rantse ba za ta taka ba, ta yi bismilla, ta shiga da ƙafar dama. Amma zuwanta bai ja kowa ba. Wadda ta buɗe hanya Ramatu ce, wata 'yar Dosso ta Nijar mai sayar da fura, wadda ta fi kowa tsoro, don tana ganin da ta shiga za a tambaye ta takardar zama. Na gaya mata gaskiyar abin da na sani, na ce zan zauna kusa da ita har a gama. Ta ce, "Idan kin yi alkawari ba za ki saki hannuna ba, zan tafi." Mai binciken ta ba ta kujera da ruwa, ta tambaye ta launin bas ɗin da wanda ya karɓi kuɗi. Ramatu ta dawo unguwa tana ba da labari a bakin famfo kamar wadda ta dawo daga Makka. Washegari mata biyu suka aiko a kira ni.

Mma Adiza ce ta ƙarshe. Ta sa hannu ta dube ni ta ce, "Don sarƙata na zo. Ki gaya wa uwar ɗakinki ba don ita ba kraa, ko kaɗan."

Duk wannan lokaci akwai wani aikin da ba wanda ke gani. Fayil ɗin da aka dakatar kamar majinyacin da ba ya nishi ne, shi ake mantawa a asibiti. Sabbin fayiloli suna hawa kansa, ƙura ta rufe shi, wata rana a ce ba a gan shi ba. Duk mako nakan hau rajista in gaishe su, in tambayi jikin mahaifiyar wannan, in yi wa waccan barka da haihuwa, sannan in roƙa a fito mini da shi in gani da idona. Duk ranar da kotu ta sa don jin inda bincike ya kai, ina wurin, ko da maganar ba ta wuce a ce "ana nan ana yi" a ɗaga ba. Watanni suka shige haka. Damina ta zo ta wuce.

Daga ƙarshe binciken ya nuna. An bi sawun kuɗin, an samo wasu ƙungiyoyin mata a wasu unguwanni da aka kai wannan filin a wannan bas ɗin. Hukuma ta gurfanar da shi da kanta, da tuhuma mai yawa, sunan kowace mace a kan tata. Ƙararmu ta gama amfaninta, sai janyewa.

Lauya ya kira ni. "Rukayya, ana iya janyewa da takarda, ba sai Mma ta wahala ba. Ko kina ganin ta zo?" Shi ma ɗan Zongo ne, ya san abin da yake tambaya.

Na ce ta zo, kuma ba ita kaɗai ba.

Wanda ya daɗe yana zama a bencin baya ya san al'adar kowace kotu. Wannan majistaren ba ta barin mai ƙara ya janye tuhumar laifi sai ta tambaye shi da bakinta. A wajen lauyoyi ranar janyewa ba rana ba ce, ko sabuwar riga ba a sa mata. Ni kuwa na sake bin gidajen nan, na ce wa kowace, "Magajiya za ta janye ƙara ranar Talata. In kina son jin dalili, ga trotro." Ban ƙara ko kalma ba. Kalmar janyewa kaɗai ta cika motar. Mma Adiza ce ta fara shiga, tana cewa yau za ta ga ƙarshen munafunci.

Suka cika benci uku. Aka kira shari'a, Mma Barikisu ta shiga akwatin shaida, aka rantsar da ita. Majistare ta yi tambaya, tafinta ya juya da Hausa, da ƙarfi yadda na baya zai ji.

"Kotu na tambaya, da son ranki kike janyewa?"

"Da son raina."

"Wani ya tsorata ki?"

"Babu."

"Wani ya ba ki kuɗi, ko ya yi miki alkawarin wani abu, don ki janye ko don ki yi shiru?"

Mma ta gyara mayafi.

"Ranki ya daɗe, an kawo mini. Dattawa suka zo da goro da ambulan, suka ce in karɓi nawa in bar na sauran. Goro na ci, don iyayena sun koya mini kunya. Ambulan na mayar. Tun farko ban taɓa karɓar ko kobo a kan wata mace ba, ni na fara faɗawa ramin. Yau ina janyewa ne don hukuma ta ɗauki kayan, kuma ta ɗauka da sunan kowa, ba nawa kaɗai ba. Na faɗa da Alƙur'ani a hannuna."

Majistare ta rubuta, a hankali, kalma bayan kalma. Ta ce a gaya wa Mma kotu ta gode, kuma ita ce shaida ta farko a shari'ar hukuma.

Kada ku ɗauka an samu fili. Ba a samu ba. Shari'ar hukuma ta ɗauki nata lokacin, abin da aka iya ƙwatowa bai kai abin da ya tafi ba, yawancin matan nan har yau a ɗakin haya suke. Aikinmu ba ya mayar da duk abin da aka rasa, kuma wadda ba za ta iya zama da wannan ba gara ta nemi wata sana'a.

A bakin ƙofar kotu ba wadda ta ce wa Mma Barikisu ta yi haƙuri. Matan suka yi cirko-cirko, kowace na gyaran ɗankwali. Trotro ta tsaya, wani saurayi ya yi wuf zai buɗe ƙofar gaba. Mma Adiza ta dafe ƙofar da tafin hannu.

"Kai, ba ka da ido? Koma baya. Gaba na Magajiya ne."

Ta buɗe, ta karɓi jakar Mma Barikisu, ta riƙe mata gefen zane har ta hau. Mma ta zauna, ta leƙo ta taga.

"Rukayya, ba ki zuwa?"

Na ce su yi gaba. Akwai wani makaniki daga Abossey Okai da ke jirana a kotu ta biyu, shi ma an ɗaga tasa, kuma bai san dalili ba tukuna.